Barbara Jordan a Majalisar Dattawan Jihar Texas, 1967-1973: Tarihin Rayuwarta da Siyasarta

Gabatarwa

 Manufarmu a cikin wannan takarda ita ce mu bi diddigin rayuwar wata mata baƙar fata 'yar ƙasar Amurka, mai suna Barbara Charline Jordan, mu ga yadda ta taso daga unguwar talakawa a birnin Houston har ta kai ga hawa kujerar shugabancin Majalisar Dattawan Jihar Texas cikin shekarar 1972. Galibin waɗanda suka san sunanta sun san shi ne ta dalilin jawabin da ta yi a birnin Washington cikin 1974, sa'ad da ake binciken Shugaba Richard Nixon. To amma mu a nan za mu fi mai da hankali ne ga shekaru shida da ta yi a majalisar jiha, domin a ganinmu can ne ta koyi sana'ar, can ne kuma aka fi ganin hanyar da ta zaɓa, da ribar da ta samu, da abin da hanyar ta jawo mata.

Akwai dalilin da ya sa muka kawo wannan batu gaban taro irin namu. Tun daga 1979 Nijeriya ta ɗauki tsarin mulki mai kama da na Amurka, watau shugaban ƙasa mai cikakken iko, da gwamnonin jihohi, da majalisar dokoki a kowace jiha. Sai cikin 1976 ne matan Arewa suka sami damar jefa ƙuri'a, sai kuma cikin 1999 ne aka fara samun mace a kujerar Kakakin majalisar jiha, watau Margaret Icheen ta Jihar Binuwai. Saboda haka tambayar da rayuwar Barbara Jordan take ɗagowa ba baƙuwa ba ce a gare mu. Tambayar kuwa ita ce: mutumin da aka daɗe ana rufe wa ƙofa, in Allah ya sa ya shiga, yaya zai zauna da waɗanda suka rufe ta? Zai ci gaba da jayayya da su a fili, ko kuwa zai koyi ƙa'idodinsu ya yi ciniki da su?

Yanayin Jihar Texas kafin zuwanta

Ba za a gane girman abin da ya faru cikin 1966 ba sai an koma baya da shekara ɗari. Ran 19 ga Yuni, 1865, bayan ƙare yaƙin basasar Amurka, Janar Gordon Granger ya ba da sanarwa a garin Galveston cewa bayin Texas sun 'yantu. Cikin 'yan shekarun da suka biyo baya baƙaƙen fata sun yi zaɓe, an kuma zaɓe su. George T. Ruby da Matthew Gaines sun zauna a Majalisar Dattawan jihar, haka nan Walter M. Burton, wanda ya bar kujerarsa cikin 1883. Daga wannan shekara ba a sake ganin baƙin mutum a wannan majalisa ba har tsawon shekara 84.

Wannan rashi da gangan aka shirya shi. Cikin 1902 aka ɗora harajin zaɓe, ta yadda duk mai son jefa ƙuri'a sai ya biya kuɗi watanni kafin ranar zaɓe, ya kuma adana rasidinsa. Wannan ya kori talakawa da yawa, baƙaƙe da farare da 'yan asalin Mekziko. Sa'an nan cikin 1923 aka yi doka da ta hana baƙaƙen fata shiga zaɓen fid da gwani na jam'iyyar Dimokurat. A Texas ta wancan zamani kuwa jam'iyya ɗaya ce ke cin zaɓe, don haka wanda ya ci fid da gwani ya riga ya ci kujera. Ba a kawar da wannan shinge ba sai cikin 1944, a shari'ar Smith da Allwright, wadda wani likitan haƙori na Houston mai suna Lonnie Smith ya shigar, lauya Thurgood Marshall kuma ya tsaya masa a Kotun Ƙoli. Harajin zaɓe kuwa ya ci gaba har 1964 a zaɓen tarayya, da 1966 a zaɓen jiha.

Ta fuskar mata, Texas ce jiha ta farko a Kudu da ta amince da gyaran tsarin mulkin da ya ba mata ƙuri'a, cikin 1919, kuma Margie Neal ta shiga Majalisar Dattawan jihar cikin 1927. Amma wannan ci gaba bai game mata baƙaƙe ba, domin shingayen da muka ambata suna nan a gabansu.

Tasowa da neman ilmi

An haifi Barbara Jordan ran 21 ga Fabrairu, 1936, a Unguwa ta Biyar ta birnin Houston, wadda unguwar baƙaƙen fata ce. Ita ce autar 'yan mata uku. Mahaifinta, Benjamin Jordan, ma'aikacin sito ne kuma mai wa'azi a ɗariƙar Baftis. Mahaifiyarta, Arlyne, ita ma ta shahara da iya jawabi a majami'a tun tana budurwa. Kakanta na wajen uwa, John Ed Patten, dillalin tsummokara ne da tsofaffin ƙarafa, kuma ita da kanta ta sha faɗin cewa shi ne ya cusa mata dogaro da kai. Gida ne na tsanani da ladabi, inda ake ɗaukar iya magana a gaban jama'a a matsayin babbar baiwa.

Ta yi sakandare a makarantar Phillis Wheatley, ta baƙaƙe zalla, ta gama cikin 1952. A can ne wata lauya baƙar fata daga Chicago, Edith Sampson, ta zo ta yi wa ɗalibai jawabi, daga ranar Barbara ta ƙudura a ranta cewa aikin lauya za ta yi. Ta shiga Jami'ar Texas ta Kudu a nan Houston. Ita wannan jami'a tana da nata tarihin: gwamnatin jiha ta kafa ta cikin 1947 don kada a tilasta mata karɓar baƙaƙe a babbar Jami'ar Texas ta Austin, a lokacin da Heman Sweatt yake ƙarar neman shiga sashen shari'a na can. A jami'ar ta shiga ƙungiyar muhawara ƙarƙashin malami Thomas Freeman, suka zagaya ƙasa suna karawa da manyan jami'o'i, har suka yi kunnen doki da Harvard. Ta sami digirinta da babban yabo cikin 1956.

Daga nan ta tafi Jami'ar Boston karatun shari'a, inda a karo na farko ta zauna aji ɗaya da fararen fata. Daga baya ta bayyana cewa a can ne ta gane irin giɓin da makarantun wariya suka bari a cikin ilminta, sai da ta riƙa raba dare tana karatu kafin ta cim ma sauran. Ta gama cikin 1959, ta ɗan koyar a Tuskegee ta Jihar Alabama, kana ta komo Houston cikin 1960 ta fara aikin lauya a kan teburin cin abinci na gidan iyayenta, don ba ta da kuɗin kama ofis.

Faɗuwa biyu da gyaran mazaɓu

Ta shiga siyasa ne cikin 1960, a yaƙin neman zaɓen John Kennedy da Lyndon Johnson. Da fari aikinta bai wuce liƙe ambulan da shirya masu bin gida gida ba. Wata rana mai jawabi bai zo ba aka sa ta, daga nan shugabannin jam'iyya a gundumar Harris suka gane abin da suke da shi, suka riƙa aika ta wuraren taro.

Cikin 1962 ta nemi kujerar Majalisar Wakilan jiha ta faɗi. Cikin 1964 ta sake nema ta sake faɗuwa. Dalilin faɗuwar nan biyu shi ne jigon wannan sashe. A lokacin, gundumar Harris gaba ɗayanta mazaɓa ɗaya ce, kowane ɗan takara sai ya nemi ƙuri'ar dukan gundumar. Ko da baƙaƙen Houston sun fito ƙwansu da kwarkwatarsu sun zaɓe ta, ƙuri'un fararen unguwanni sai su rinjaye su. Game da Majalisar Dattawa kuwa, tsarin mulkin jihar ya hana kowace gunduma samun fiye da ɗan majalisa ɗaya, alhali mutanen gundumar Harris sun haura miliyan ɗaya a ƙidayar 1960. Ta haka karkara ta danne birane.

Kotu ce ta warware wannan ƙulli. Cikin Yunin 1964, a shari'ar Reynolds da Sims, wadda ta taso daga Alabama, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci cewa dole mazaɓun majalisun jihohi su zama kusan daidai wajen yawan jama'a. Cikin 1965 kotun tarayya ta sa Texas ta sake shata mazaɓunta, Houston ta sami ƙarin kujeru, aka kuma fitar da sabuwar Mazaɓa ta 11 wadda ta haɗa unguwannin baƙaƙe da na leburori farare da na 'yan asalin Mekziko. Cikin 1966, shekarar da harajin zaɓe ya faɗi, Barbara Jordan ta tsaya a wannan mazaɓa, ta kayar da Charlie Whitfield, wanda ɗan Majalisar Wakilai ne mai ci, a zaɓen fid da gwani, ta kuma ci babban zaɓe. Abin lura a nan shi ne, macen da ta faɗi cikin 1964 ita ce dai ta ci cikin 1966, da muryarta da ilminta. Taswirar mazaɓa ce ta sake. Duk mai nazarin ƙarancin mata a majalisu ya kamata ya riƙe wannan.

Zamanta a cikin majalisa

Cikin Janairun 1967 aka rantsar da ita. Majalisar tana da kujeru 31: maza 30, sai ita. Majalisar dokokin Texas kan zauna ne sau ɗaya cikin shekara biyu, na tsawon kwana 140, sai fa in gwamna ya kira zama na musamman. Mataimakin Gwamna shi ne shugaban Majalisar Dattawa, shi ke naɗa kwamitoci, shi ke ba mutum damar magana. Akwai kuma wata al'ada da ta yi aiki a lokacin har zuwa 2015, cewa ba a ɗauko ƙuduri a tattauna sai kashi biyu cikin uku sun yarda, watau mutum 21 in kowa yana nan. Ma'anar wannan ita ce, mutum 11 sun isa su tare kowane ƙuduri, sa'an nan duk mai son ƙudurinsa ya wuce sai ya nemi yardar abokan hamayyarsa. A irin wannan zaure ƙuri'a ɗaya tana da tsada, wanda ya ɓata da kowa kuwa ba shi da abin sayarwa.

Barbara Jordan ta gane haka tun da wuri. Ta zauna ta haddace ƙa'idodin majalisa har ta kai ana tambayarta. Ba ta cika tashi magana ba, in kuwa ta tashi ta riga ta shirya. Ta kusanci dattawan majalisar masu ra'ayin riƙau, waɗanda wasunsu sun yi shekaru suna goyon bayan dokokin wariya, ta riƙa halartar shagulgulansu, ta ƙi nuna fushi a kan maganganun da wani zai iya ɗauka cin fuska ne. Sannu a hankali suka saba da ita, suka fara jin nauyinta. A ƙarshen zaman 1967 'yan'uwanta suka yanke shawarar karrama ta a matsayin wadda ta fi fice cikin sababbin 'yan majalisa. Cikin Fabrairun wannan shekara kuma Shugaba Johnson ya gayyace ta fadar gwamnati a Washington tare da shugabannin masu fafitikar 'yancin baƙaƙe, daga nan aka ƙulla zumuncin da ya amfane ta ƙwarai daga baya.

Da yake an sake shata mazaɓu, 'yan majalisar sun yi ƙuri'a a tsakaninsu don a raba masu wa'adin shekara biyu da masu huɗu. Ita ta faɗa cikin masu biyu, ta sake tsayawa cikin 1968 ta ci cikakken wa'adi.

Dokokin da ta tsaya wa

Cikin 1969 Ben Barnes ya zama Mataimakin Gwamna, ya naɗa ta shugabar kwamitin da ke lura da al'amuran ƙwadago. A nan ne haƙurinta ya fara haifar da abin da ido ke gani.

Na farko shi ne dokar mafi ƙarancin lada. Cikin 1966 ma'aikatan gonaki na kwarin Rio Grande, galibinsu 'yan asalin Mekziko, sun yi tattaki da ƙafa har birnin Austin suna neman a kafa dala 1.25 a matsayin mafi ƙarancin ladan awa ɗaya. Gwamna John Connally ya tare su a garin New Braunfels ya gaya musu ba zai kira majalisa a kan wannan ba. Bayan shekara uku, cikin 1969, majalisa ta zartar da dokar mafi ƙarancin lada ta farko a tarihin jihar, Barbara Jordan kuwa tana cikin waɗanda suka ja ragamarta a Majalisar Dattawa. Dokar ta shafi wasu daga cikin ma'aikatan da dokar tarayya ta bari a baya. Amma fa kafin ta wuce sai da aka cusa mata togaciya iri iri, aka fitar da ma'aikata da yawa daga ƙarƙashinta. Ita ta karɓi abin da ya samu, bisa hujjar cewa da babu gara ba daɗi, kuma dokar da aka riga aka kafa ta fi sauƙin faɗaɗawa bisa wadda ba a kafa ba.

Na biyu shi ne ƙarin diyyar da ake biyan ma'aikacin da ya ji rauni a bakin aiki, wadda ta daɗe ba a taɓa ta ba. Na uku, ta yi ƙoƙari wajen shigar da sharuɗɗan hana nuna bambancin launi cikin kwangilolin gwamnati da ɗaukar ma'aikata. Na huɗu, cikin 1971, ita a Majalisar Dattawa da Frances Farenthold a Majalisar Wakilai, waɗanda su kaɗai ne mata a majalisun biyu, suna cikin waɗanda suka ɗauki nauyin gyaran tsarin mulkin jiha da ya haramta tauye wa mutum haƙƙi saboda jinsi ko launi ko addini ko asali. Jama'ar Texas sun amince da wannan gyara a zaɓen Nuwamban 1972.

In muka dubi waɗannan dokoki za mu ga yawancinsu ba a ɗora su a kan launin fata kaɗai ba. Lada da diyya sun shafi lebura fari kamar yadda suka shafi baƙi. Da haka ta iya tara ƙuri'u 21 a zauren da ita kaɗai ce baƙa.

Shugabancin majalisa

Ran 28 ga Maris, 1972, a wani zama na musamman, 'yan'uwanta suka zaɓe ta muƙaddashin shugaban Majalisar Dattawa, watau wanda ke riƙe majalisa in Mataimakin Gwamna ba ya nan, kuma na biyu a layin gadon kujerar gwamna. Da wannan ta zama mace baƙar fata ta farko da ta shugabanci majalisar dokoki a Amurka. Ran 10 ga Yuni kuma, bisa al'adar jihar, Gwamna Preston Smith da mataimakinsa suka fita daga Texas, aka rantsar da ita gwamna ta yini ɗaya. Jama'a sun yi dafifi daga Houston don shaida bikin. A ranar ne mahaifinta, wanda ya zo ganin 'yarsa, ya yanke jiki ya faɗi, washegari ya rasu.

Wajibi ne mu faɗi gaskiyar wannan muƙami. A Texas muƙami ne na girmamawa, wanda akan ba ɗan majalisar da ya fi daɗewa cikin waɗanda ba su taɓa riƙe shi ba. Ainihin iko yana hannun Mataimakin Gwamna. Don haka ba za mu daidaita shi da kujerar Kakaki wadda Minnie Craig ta hau a Dakota ta Arewa cikin 1933, ko Consuelo Bailey a Vermont cikin 1953, ko Vera Katz a Oregon cikin 1985 ba. Sai cikin 2008 ne mace baƙar fata, Karen Bass ta California, ta riƙe kujerar Kakaki mai cikakken iko. Duk da haka ba za a raina abin da ya faru cikin 1972 ba. Al'ada dai mutane ne ke riƙe da ita, da sun so tsallake ta da sun sami hujja. Ba su tsallake ta ba, domin cikin shekara biyar ta mai da kanta ɗaya daga cikinsu.

Zargin da aka yi mata

Hanyar da ta bi ba ta gamsar da kowa ba. Cikin 1971 aka naɗa ta mataimakiyar shugaban kwamitin shata mazaɓun tarayya, aka kuma fitar da sabuwar Mazaɓa ta 18 a tsakiyar Houston, wadda kowa ya san ita za ta ci. A daidai wannan lokaci aka sake shata mazaɓun Majalisar Dattawan jiha ta yadda unguwannin baƙaƙen Houston suka rarrabu. Curtis Graves, ɗan Majalisar Wakilai baƙar fata wanda aka zaɓa tare da ita cikin 1966, kuma wanda salonsa na fito na fito ne, ya zarge ta da sayar da kujerar jiha don ta sami ta tarayya. Ya tsaya takara da ita cikin 1972, ta kayar da shi da kusan kashi 80 cikin ɗari na ƙuri'u.

Shin zargin yana da tushe? Abin da ke tabbatacce shi ne, wata hukuma dabam ta manyan jami'an jiha ce ta shata mazaɓun Majalisar Dattawa a wannan karo, bayan majalisa ta kasa yi. Wani abin tabbatacce kuma shi ne, bayan tafiyarta babu baƙin mutum a wannan majalisa har shekara goma, sai da Craig Washington ya shiga cikin 1983, kana Eddie Bernice Johnson cikin 1987. A ganinmu, ba a tabbatar da cewa ta yi ciniki a ɓoye ba, amma sakamakon ya nuna raunin irin nasarar da ta rataya ga mutum ɗaya. Martabar da ta samu tata ce ita kaɗai, da ta tashi ta tafi da ita.

Haka nan lokacin abin kunyar Sharpstown na 1971, wanda ya shafi cinikin hannun jari da wasu manyan jihar, wasu 'yan Majalisar Wakilai irin su Farenthold sun fito sun yi tawaye, ita kuwa ta riƙe dangantakarta da Barnes. Cikin 1975 kuma ta ba da shaidar kyakkyawan hali ga John Connally a shari'ar cin hanci da aka yi masa, wadda aka sallame shi daga gare ta. Wannan ya ɓata wa magoya bayanta da yawa rai, ganin shi ne gwamnan da ya juya wa masu tattakin 1966 baya.

Bayan majalisar jiha

Cikin 1972 aka zaɓe ta Majalisar Wakilan tarayya. Ita da Andrew Young na Georgia su ne baƙaƙe na farko da Kudu ta aika majalisar tun farkon ƙarni na 20. Tsohon Shugaba Johnson ya sa baki aka ba ta kujera a kwamitin shari'a, can ne kuma ran 25 ga Yuli, 1974, ta yi jawabin da ya sa duk ƙasar ta san ta. Ta tuna wa jama'a cewa lokacin da aka rubuta tsarin mulki cikin 1787 ba a lissafa da irinta ba, sai ta hanyar gyare-gyare da hukunce-hukuncen kotu aka shigo da ita, saboda haka ba za ta zura ido a rusa shi ba. Sa'an nan ta auna ayyukan Nixon ɗaya bayan ɗaya da sharuɗɗan tsige shugaba. Nixon ya sauka ran 9 ga Agusta.

Cikin 1975 ta yi tsayin daka aka faɗaɗa Dokar 'Yancin Zaɓe ta 1965 ta game Texas, ta kuma kare masu magana da Sifaniyanci, duk da adawar manyan jami'an jiharta. Wannan ya nuna cewa sassaucinta yana da iyaka: a kan haƙƙin jefa ƙuri'a ba ta yi rangwame ba. Cikin Yulin 1976 ta gabatar da babban jawabin taron ƙasa na jam'iyyar Dimokurat a New York, ita ce mace baƙar fata ta farko da ta yi haka. Bayan wa'adi uku ta bar majalisa cikin Janairun 1979, ta koma koyarwa a makarantar nazarin harkokin mulki mai sunan Lyndon Johnson a Jami'ar Texas ta Austin, jami'ar da ba ta da ikon shiga lokacin da ta gama sakandare. Tun 1973 take fama da ciwon jijiyoyi wanda daga baya ya ɗora ta a keken guragu. Duk da haka ta zama mai ba Gwamna Ann Richards shawara kan ɗa'ar ma'aikata cikin 1991, ta sake yin babban jawabin jam'iyya cikin 1992, ta kuma shugabanci hukumar tarayya ta gyaran dokokin shige da fice. Shugaba Bill Clinton ya ba ta babbar lambar yabo ta farar hula cikin 1994. Ta rasu a Austin ran 17 ga Janairu, 1996, tana da shekara 59, aka binne ta a maƙabartar manyan Jihar Texas, ita ce mace baƙar fata ta farko da aka kai can.

Kammalawa

Daga abin da ya gabata muna iya fitar da abubuwa uku. Na ɗaya, ƙwazon mutum bai isa ya shigar da shi majalisa ba matuƙar dokokin zaɓe da taswirar mazaɓu suna gāba da shi. Shari'o'in 1944 da 1964 da soke harajin zaɓe su ne suka share wa Barbara Jordan hanya. Na biyu, shiga majalisa dabam, samun iko a cikinta dabam. Ita ta sami nata ne ta hanyar sanin ƙa'idodi, da ƙidayar ƙuri'u, da zaɓen ƙudurorin da za su haɗa ta da waɗanda ba irinta ba. Na uku, wannan hanya tana da farashi. Dokar lada ta fito da ramuka, kujerarta ta ɓace shekara goma bayan tashinta, wasu daga cikin mutanenta kuma sun ɗauke ta a matsayin 'yar gidan masu mulki.

Ba mu ce hanyarta ta fi ta Graves ko ta Farenthold a kowane hali ba. Mai yiwuwa ne da ba don masu tattaki da masu tawaye ba, da dattawan majalisar ba su ga dalilin sauraronta ba. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Abin da muke cewa shi ne, a zauren da mutum 11 za su iya tare kome, wadda take ita kaɗai ba ta da zaɓi mai yawa, ita kuwa ta yi amfani da wanda take da shi har ya haifar da dokoki. Muna fatan masu nazarin majalisun jihohinmu za su yi irin wannan bincike a kan matan da suka zauna a cikinsu tun daga 1979: ta wace mazaɓa suka shigo, waɗanne kwamitoci aka ba su, waɗanne dokoki suka bari, kuma wa ya gaje kujerunsu bayan sun tashi.